Romon Kaza da Aƙida: 'Ya'yan Koriya na Ƙetare da Maganar Gida

A wannan wata doguwar tafiya za mu yi, har gabashin duniya, wato ƙasar Koriya. Na san samarinmu da 'yan matanmu ba su bukatar a gabatar musu da ita, domin wasanninta na talabijin sun cika wayoyin hannu, har yara suna kiran sunayen 'yan wasan sai ka ce maƙwabtansu ne. To amma waɗancan wasanni na 'yan gida ne, masu nuna birnin Seoul da dogayen benaye da soyayyar 'ya'yan attajirai. Akwai wasu Koriyawa kimanin miliyan 7 da ke zaune a wajen ƙasar, a Amurka da Sin da Japan da Uzbekistan da Kazakistan da sauransu, kuma a cikinsu an sami masu shirya fim da masu zane waɗanda aikinsu ya tsaya a kan tambaya guda, wato ina ne gida. Duk wanda aka haifa a zango, ya yi makaranta a nan, yana biyan haraji a nan, sa'an nan wata rana ma'aikacin ofis ya dubi sunansa ya ce masa "to, asalinku fa daga ina?", ba sai an fassara masa wannan tambaya ba.

Bari mu fara da mai sauƙin. An haifi Do Ho Suh a Seoul a 1962, ya tafi Amurka karatu a 1991. Kewar gidan iyayensa ta dame shi, musamman da ya koma zama a New York inda hayaniya ke hana shi barci. Sai ya sa aka auna gidan nan, wanda ginin gargajiya ne na katako, aka ɗinka irinsa da siliki shara-shara mai launin kore-kore, girmansa daidai da na ainihi, har da ƙofofi da tagogi da tsarin rufi. A 1999 aka rataye shi a wani zauren nuni a Los Angeles, jama'a suna wucewa ta ƙarƙashinsa suna ɗaga kai. In an gama nuni sai a naɗe gidan kamar zane, a sa a akwati, a kai wani gari. Duk garin da aka kai shi kuma sai a ƙara sunan garin a kan sunan aikin, har sunan ya yi tsawo kamar kirarin basarake. Daga baya ya ɗinka irin wannan na gidajen hayar da ya zauna a wasu birane, kuma a 2025 gidan nunin Tate Modern na Landan ya tara ayyukansa ya yi masa babban nuni.

Aiki ne mai kyau, ba na musu. Amma ina so mai karatu ya lura da abu ɗaya. Mai gidan silikin nan yana da fasfo, kuma duk ranar da kewa ta yi masa yawa zai iya hawa jirgin sama ya je ya ga ainihin gidan.

Haka ma fim ɗin Minari na 2020, wanda Lee Isaac Chung ya shirya daga abin da ya tuna na ƙuruciyarsa. Magidanci ne da matarsa suke aikin rarrabe 'yan tsaki, maza daban mata daban, a jihar Arkansas ta Amurka a shekarun 1980, shi kuwa burinsa ya noma kayan lambun Koriya ya sayar wa 'yan uwansa baƙi. Surukarsa ta zo daga gida da ƙunshin garin barkono da busasshen kifi da irin wani ganye mai suna minari, ta shuka shi a bakin rafi. Gobara ta cinye amfanin gonar da aka sha wuya a kansa, ganyen tsohuwa kuwa yana can ya yaɗu ba mai ba shi ruwa. Abin dariya, ko kuma abin haushi, shi ne abin da ya biyo baya. An haifi Chung a Amurka, a Amurka aka ɗauki fim ɗin, labarin kuma na manomin Amurka ne, amma masu ba da kyautar Golden Globe suka sa shi a rukunin finafinan harshen waje, don yawancin maganar da Koriyanci aka yi. Ya ci kyautar a 2021, sai dai a matsayin baƙo ya ci ta. A shekarar ce kuma Youn Yuh-jung, wadda ta fito a matsayin tsohuwar, ta ci kyautar Oscar. Af, kada in manta, wannan Chung ɗin fim ɗinsa na farko a Afirka ya yi shi, a Ruwanda, cikin harshen Kinyarwanda, sunansa Munyurangabo, aka nuna shi a bikin Cannes na Faransa a 2007.

Waɗannan biyun 'ya'yan mutanen da suka fita da ƙafarsu ne, ko kuma su da kansu suka fita. Kalmar baƙunta kuwa buhu ce da ake cusa abubuwa iri-iri a ciki. Ni ma'aunin da nake ɗorawa shi ne, hanyar komawa a buɗe take ko a rufe, in kuma a rufe take, wa ya rufe ta. Da wannan ma'auni mutum zai ga cewa zafin aikin kowane mai zane ya yi daidai da irin ƙofar da aka rufe masa.

A 1937 gwamnatin Stalin ta kwashe Koriyawan da ke zaune a gabas mai nisa ta Tarayyar Sobiyet, mutum kimanin 172,000, bisa zargin cewa za su iya yi wa Japan leƙen asiri. Aka loda su a taragun kaya, aka yi makonni ana tafiya, aka sauke su a Kazakistan da Uzbekistan ga hunturu ya gabato. Dubbai suka mutu, galibi ƙananan yara da tsofaffi. A cikin taragun nan akwai wani yaro da bai wuce shekara 9 ba, Nikolai Shin. Ya girma ya zama mai zane a birnin Tashkent, ya yi shekaru masu yawa yana aiki a kan zane guda, a zamanin da ba a yarda a ambaci wannan kora a fili ba. Sunan zanen Requiem, wato waƙar makoki. Tsawonsa mita 44, tsayinsa mita 3. Mutanen da ke cikinsa ba su da ido, ba hanci, ba baki. Wanda aka ɗauka kamar kaya, ba a tambaye shi ba, ba a rubuta sunansa ba, wace fuska za a zana masa? A 1997 aka kai zanen Koriya ta Kudu, Shin ya ba da shi kyauta ga gidan adana zane-zane na ƙasa, shi kuwa ya ci gaba da zama a Tashkent har ya rasu a 2006.

Akwai kuma waɗanda aka fitar tun ba su san kansu ba. Tun bayan yaƙin Koriya na 1950 zuwa 1953, yara kimanin 200,000 aka ba da riƙo ga iyalan Amurka da Turai. Deann Borshay Liem tana cikinsu. A 1966 aka kai ta California da sunan wata yarinya daban, Cha Jung Hee, domin mahaifin waccan ya zo ya ɗauke 'yarsa daga gidan marayu, ma'aikatan kuwa ba su so su gaya wa Amurkawan da ke jira. Takarda ta ce marainiya ce, alhali uwarta tana da rai. A fim ɗinta na 2000, First Person Plural, ta haɗa uwar da ta haife ta da uwar da ta raine ta a ɗaki ɗaya. Sai a watan Maris na 2025 wani kwamitin binciken gaskiya na Koriya ta Kudu ya tabbatar da cewa an yi ta ƙirƙirar takardun ƙarya a wannan harka, kuma gwamnati na da alhaki. Fim ya riga hukuma da shekara 25.

Yanzu mu zo kan wadda ta sa na ɗauki alƙalami, Yang Yong-hi. Amma sai mun ɗan yi darasin tarihi tukuna, ku yi haƙuri da halin malami.

Japan ta haɗiye Koriya a 1910. Kafin ƙarshen yaƙin duniya na biyu a 1945, Koriyawa kimanin miliyan 2 suna Japan, wasu talauci ya kai su, wasu tilas aka kai su ma'adinai da masana'antu. Da yaƙi ya ƙare yawancinsu suka koma, kimanin 600,000 suka tsaya. A 1952 aka wayi gari aka ce waɗannan ba 'yan Japan ba ne, har da waɗanda aka haifa a can ba su taɓa ganin Koriya ba. Ƙasar da ke rubuce a takardunsu kuwa, wato Koriya guda ɗaya, ta riga ta rabu biyu. Aka hana su yawancin ayyukan gwamnati, aka tilasta musu dangwala yatsa a ofishin rajistar baƙi, kuma ba a ɗauke wa mazauna dindindin wannan ba sai a 1993. Da yawa suka ɗauki sunan Japananci don su sami aiki ko gidan haya. Ana kiransu Zainichi, ma'ana mazauna Japan, suna mai nuna cewa zaman na ɗan lokaci ne, ga shi kuwa yau an kai jikoki da tattaɓa kunne.

Al'ummar ta rabu gida biyu, ƙungiyar Mindan tana bin Kudu, ƙungiyar Chongryon tana bin Arewa. Daga 1957 gwamnatin Arewa ta fara aiko da kuɗin makarantu, inda ake koya wa yara harshensu da tarihinsu, amma a ƙarƙashin hoton Kim Il Sung. Mu malamai mun san wannan ciniki: wanda ya gina aji shi yake zaɓen abin da za a rataya a bango. Sa'an nan a watan Disamba na 1959 aka fara wani shiri na "komawa gida", da hannun ƙungiyoyin Red Cross na ƙasashen biyu. Jiragen ruwa suna tashi daga tashar Niigata, ana gaya wa mutane cewa aljannar duniya za su, ga aiki, ga gida, ga makaranta da asibiti kyauta. Zuwa 1984 mutum fiye da 93,000 sun tafi. Abin mamakin shi ne mafi yawansu 'yan asalin Kudu ne. An mayar da su gidan da ba su taɓa zama a ciki ba, kuma wanda ya shiga ba ya fita.

An haifi Yang a Osaka a 1964. Mahaifinta mutumin tsibirin Jeju ne, can kudancin Kudu, amma jigo ne a Chongryon. A farkon shekarun 1970 ya sa 'ya'yansa maza uku a jirgin, ƙaraminsu yana da shekara 14, aka bar ita kaɗai a gida. Ta yi makarantun ƙungiyar, har ta koyar a ɗaya daga cikinsu kafin ta bari. Daga baya ta sayi ƙaramar kyamarar bidiyo, ta yi shekara 10 tana ɗaukar iyalinta a Osaka da kuma lokacin ziyara a Pyongyang. Abin da ya fito shi ne Dear Pyongyang na 2005, sunan kamar yadda ake buɗe wasiƙa, kuma ya sami kyauta a bikin Sundance na Amurka a 2006.

Ba wasan kwaikwayo ba ne, ba kuma lacca ba ce. Uban da muke gani tsoho ne mai raha, yana zaune a ɗaki da kayan barci, yana shan abin shansa, yana waƙa, yana tsokanar matarsa. Yana gaya wa 'yarsa ta auri duk wanda take so, in dai ba Bajapane ko Ba'amurke ba ne. In an taɓo Shugaba kuwa sai ya miƙe zaune, yabo ya fara zuba kamar an kunna rediyo. Ita kuma uwar, aikinta cika kwalaye. Magani, tufafin sanyi, kayan makaranta, abinci, kuɗi, shekara da shekaru tana aikawa. A bainar jama'a tana cewa jikokinta suna cikin ni'ima saboda alherin Shugaba. Yang ba ta ce uffan ba a kan wannan, ta dai bar kyamara a kan kwalayen. Mai kallo shi zai lissafa wa kansa wanda ke ciyar da jikokin nan.

Inda fim ɗin ya fi nauyi wuri ne da ba a ɗaga murya ba. Bayan shekaru tana kewaye-kewaye, sai ta tambaye shi kai tsaye ko yana nadamar tura yayyenta. Tsoho ya yi jim, sa'an nan ya amsa cewa bai zaci al'amura za su kasance haka ba. A zaman nan ne kuma ya yarda ta karɓi takardun Koriya ta Kudu don ta sami fasfon tafiye-tafiye, abin da a da ko ambatonsa laifi ne a gidan. Ba da daɗewa ba ciwon shanyewar jiki ya kwantar da shi. Ya rasu a 2009.

Na san abin da wasu dattawanmu za su ce, domin tarbiyyar Koriyawa a kan girmama mahaifi ba ta da nisa da tamu. Za su ce wace irin 'ya ce wannan, ta tsare ubanta da kyamara har ya faɗi abin da ya yi shekara 30 yana haɗiyewa, sa'an nan ta nuna wa duniya? Kuma maganar ba ta kunya kaɗai ba ce. Yayyenta da 'ya'yansu suna hannun gwamnatin da ba ta yafiya, duk abin da ta fitar yana iya komawa kansu. Ita kanta ta biya: bayan fim ɗin aka hana ta shiga Koriya ta Arewa, aka nemi ta rubuta takardar neman gafara, ta ƙi, ta sake fitar da wani fim ɗin a kan 'yar wanta. Wannan damuwa ta dattawa tana da tushe, ba na watsar da ita. Amma duk da haka ina bayan Yang. Tana ƙaramar yarinya aka yanke hukuncin da ya raba ta da 'yan uwanta, ba wanda ya nemi shawararta, kuma ita aka bar wa ɗaukar nauyin. Wanda ya gaji bashi yana da ikon ya ga takardar bashin. Ban da haka, ba ta wulaƙanta tsohon ba. Ta fitar da shi da mutuncinsa da kuskurensa a haɗe, har mai kallo ya ji yana son mutumin ko da yana ƙin abin da ya yi. Jaridun Japan sun daɗe suna nuna 'yan Chongryon kamar gumaka masu tafi, ita kuwa ta nuna uba.

A 2012 ta yi wasan kwaikwayo, Our Homeland, a kan wani wa da aka ba izinin wata 3 ya zo Japan neman maganin ciwon da ke cikin kansa bayan shekara 25, da mai tsaro biye da shi, sa'an nan kwatsam aka ce ya koma tun kafin a yi masa aiki. Japan ta zaɓi wannan fim ya wakilce ta a gasar Oscar. Ƙasar da ta sa iyayenta dangwala yatsa ita ce ta aika da labarin gidansu da sunanta.

Saura tambaya ɗaya wadda fim ɗin farko bai amsa ba, kuma ita ce ta fi damun Yang. Me ya sa mutanen Kudu za su ƙi Kudu har su miƙa 'ya'yansu ga Arewa? Amsar tana wurin uwar, kuma sai da ta tsufa ta buɗe baki. An haife ta a Osaka, amma a 1945 aka kai ta Jeju don gudun bama-baman Amurka. Tana can aka yi tawayen 3 ga Afrilu 1948, sojoji da 'yan sanda da 'yan banga na gwamnatin Kudu suka shiga ƙone ƙauyuka. An ƙiyasta cewa mutum 25,000 zuwa 30,000 suka mutu, wajen kashi ɗaya cikin goma na mutanen tsibirin. Saurayin da za ta aura yana cikin waɗanda suka mutu. Tana da shekara 18 ta kama ƙannenta, ta bi ta cikin gawawwaki, suka shiga jirgin fasa-ƙwauri suka koma Japan. Gwamnatocin Kudu sun yi shekaru da dama suna hana a ambaci wannan kisa, sai a 2003 shugaban ƙasa Roh Moo-hyun ya nemi gafara. Matar da ta ga haka da idonta, in ta ce ba za ta sake amincewa da waccan gwamnati ba, wa zai ce ta yi wauta? Sai dai gudun wuta ya kai 'ya'yanta cikin rijiya.

Wannan shi ne fim ɗin 2021, Soup and Ideology, wato romo da aƙida. A 2018 Yang ta raka uwar Jeju wajen taron cika shekara 70 da kisan, amma a lokacin ciwon mantuwa ya riga ya kama ta. Ta tsaya a gaban jerin sunayen matattu, abin da ta riƙe tsawon rai yana zubewa daga kanta. A gida kuma takan tambayi ina mijinta da 'ya'yanta maza, kamar sun fita ne za su dawo cin abinci. Yang, wadda ta yi shekaru tana faɗa da ita a kan kuɗin da take ci bashi tana aikawa Pyongyang, a tsibirin nan ta fashe da kuka.

Romon kuwa ga yadda ya shigo. Yang ta haura shekara 50 ta kawo mijin aure, kuma Bajapane ne, ainihin irin wanda marigayi ya hana. Mutumin ya zo gaisuwa cikin kwat, yana ɗar-ɗar, a ɗakin da hotunan shugabannin Arewa ke rataye. Tsohuwa ta sami kaza, ta cusa mata tafarnuwa har ta cika, ta dafa ta sa'o'i a babbar tukunya, irin girkin da ake yi wa suruki a Koriya, ta zuba masa. Daga baya ta koya masa dafawa, tun daga zaɓen kaza a kasuwa har ɓare tafarnuwa. Da hankalinta ya gushe, shi ne ya riƙa ɗora tukunyar yana zuba mata. Ta rasu a farkon 2022.